Mu da ba mu da teku, me ya haɗa mu da littattafan sojan ruwa?



A 2021, da labari ya fito cewa rundunar sojan ruwan Najeriya za ta kafa sansani a Kano, an sha dariya har nan wajenmu. A fada wani ya ce a dam ɗin Tiga za a jera jiragen yaƙin, wani ya ce a'a, Jakara ma ta isa. Abin da aka kafa a ƙarshe, a Dawakin Tofa, makaranta ce ta koya wa sojan ruwa harkar kayan aiki da guzuri, wato yadda mai da abinci da harsashi za su isa ga jirgi a kan lokaci. Shugaban rundunar na wancan lokaci, Awwal Zubairu Gambo, wanda ya riƙe ta daga Janairun 2021 zuwa Yunin 2023, Bakano ne. Wanda aka naɗa a Oktoban 2025, Idi Abbas, shi ma Bakano ne. Tsakanin Kano da bakin teku a Legas akwai sama da kilomita 1,000. Kano kuwa, kowa ya sani, ta fi mana Yamai kusa nesa ba kusa ba.

To yaya ɗan tudu yake zama shugaban masu teku? Ta aji yake bi. A Najeriya yaro yakan shiga makarantar hafsoshi ta NDA a Kaduna, wadda aka buɗe a 1964, ya wuce kwalejin sojan ruwa ta Onne a jihar Ribas, ya hau jirgi ya sha amai da jiri na ƴan shekaru. Idan ya girma a aiki a mayar da shi karatu a Jaji, kusa da Zariya, daga baya kuma kwalejin yaƙi ta sojan ruwa da ke Kalaba. Ana koyon lissafi, da inji, da taswira, da dokar teku. A dukan matakan nan kuma akwai darasin da ba ya fita, shi ne tarihi. A kan wannan darasin nake so mu tsaya yau, don ina ganin ya shafi tukunyarmu fiye da yadda muke zato.

Dalilin dagewa kan tarihi mai sauƙi ne. Manomi kowace damina yana gwaji, in ya yi kuskure bana ya gyara baɗi. Hafsan ruwa yana iya shekara talatin yana aiki bai taɓa ganin babban yaƙin teku ba, ranar da ya gani kuwa cikin awa biyu ake gamawa, jirgin da aka yi shekaru ana ƙerawa ya nutse da ɗaruruwan mutane. Babu damar a sake. Dole ya ari gogewar waɗanda suka mutu kafin a haife shi, ita kuwa a littafi take.

Littafin da ya fi suna a wannan fanni wani Ba'amurke ne ya rubuta shi, Alfred Thayer Mahan, ya fito a 1890, sunansa The Influence of Sea Power upon History, wato tasirin ƙarfin teku a kan tarihi. Asalinsa laccoci ne da ya yi wa hafsoshi a kwalejin yaƙin ruwa ta Newport, wadda aka kafa a 1884. Abin ban dariya, Mahan ba gwanin tuƙi ba ne. Jiragen da ya jagoranta sun sha yin karo, bai son zaman teku, har wani na gaba da shi ya taɓa nuna cewa rubuta littafi ba aikin hafsan ruwa ba ne. Tunanin ya zo masa ne a wani ɗakin karatu a birnin Lima na ƙasar Peru, yana karanta tarihin Rumawa. Ya tambayi kansa, me ya sa Hannibal, jarumin Kartaj, can inda Tunisiya take yau, ya ɗebi rundunarsa da giwaye ya zagaya ta Sifen ya haura duwatsun Alps, ya yi asarar mutane masu yawa a hanya, alhali ga teku nan gajeriyar hanya zuwa Italiya? Amsa: Rumawa ne ke riƙe da tekun. Daga wannan tambaya guda ya gina littafinsa, yana nuna yadda Ingila, ƙaramin tsibiri, ta rinjayi Faransa da Holan da Sifen don ta riƙe hanyoyin da kaya ke bi.

Littafin ya yi kasuwa har ya wuce misali. Sarkin Jamus Wilhelm na biyu ya sa aka ajiye shi a jiragen yaƙinsa. Japanawa suka fassara shi suka sa a makarantun sojansu, a 1905 kuma suka nutsar da rundunar Rasha a mashigin Tsushima. Sai dai ni ban ɗauki Mahan waliyyi ba. Masu mulki sun tsinci abin da ya yi musu daɗi a cikinsa, wato a ƙera manyan jirage a nemi karo guda da zai raba gardama. Jamus da Ingila suka shiga tseren ƙera jirage, tseren nan yana cikin itacen da ya hura wutar yaƙin 1914. Da aka zo babban karon da kowa ke jira, a Jutland a 1916, dubban mutane suka mutu, gardamar ba ta rabu ba. Abin da ya galabaitar da Jamus shi ne datse mata hanyar abinci da Ingila ta yi a hankali, shekara da shekaru, har yunwa ta shiga gidaje. Hafsan da ya haddace littafi ɗaya tak yana da hatsari kamar ɗalibin da ya karanta Ahalari kaɗai ya fara ba da fatawar gado.

Wanda ya fi kwanta mini a rai shi ne Julian Corbett, Bature ɗan Ingila, lauya, wanda bai taɓa sa kakin soja ba amma ya yi shekaru yana karantar da hafsoshin ruwa. Littafinsa ya fito a 1911. A taƙaice ya ce mutane a tudu suke zaune, don haka a tudu rigima ke ƙarewa, amfanin teku shi ne hanya, wanda ya mallaki teku shi ne wanda kayansa ke wucewa na abokin gabansa ba sa wucewa. Duk wanda ya taɓa jiran kaya a Tinkim an ce iyaka a rufe take, ya riga ya fahimci Corbett ko bai taɓa jin sunansa ba.

Akwai wani darasi a tarihin nan da nake so ƴan kasuwarmu su ji, don nasu ne. A 1917 jiragen ƙarƙashin ruwa na Jamus suna nutsar da jiragen kaya kamar ana kaɗa mangwaro. A watan Afrilu kaɗai an rasa jirage masu nauyin sama da tan 800,000. Tsofaffin littattafan yaƙin zamanin jirgin filafilai sun nuna magani tun tuni: a tara jiragen kaya su tafi tare, da rakiyar jiragen yaƙi. Manyan hafsoshin Ingila suka daɗe suna ja, suna cewa zamani ya canza, tarawa za ta jawo jinkiri da cunkoso a tasha. Da wuya ta kai wuya suka gwada daga watan Mayu, asara ta yi ƙasa sosai. Jama'a, mene ne wannan in ba ayari ba? Kakanninmu fatake da ke zuwa Gwanja sayen goro ba su tafiya ɗai-ɗai. Akwai madugu, akwai jagaba a gaba, akwai masu tsaron baya, ana tashi tare a sauka zango tare. Yau ma gingimarin da ke ɗauko kayan Nijar daga tashar Lome, su bi ta Kaya da Dori su shigo Tera, a jere suke tafiya da rakiyar soja. Matsalolin da hafsoshin 1917 suka yi ta lissafi a kai, ayari ya kai nawa, me za a yi da wanda ya lalace a hanya, nawa jiran taruwa ke ci, su ne dai direbobinmu ke fama da su, mu kuma mu biya kuɗin jiran a farashin shinkafa.

Kada wani ya ce ilimin Turawa ne kawai. Musulmi sun fara rundunar ruwa tun zamanin Sayyidina Usmanu, lokacin da Mu'awiya yake gwamnan Sham. An je tsibirin Kubrus a 649, inda sahabiya Ummu Haram ta rasu, a 655 kuma aka yi yaƙin Zatus Sawari aka karya rundunar Rumawa. Ibn Khaldun ya ware fasali guda a Muƙaddima kan shugabancin jiragen yaƙi. Ahmad bin Majid, matuƙin tekun Indiya, ya rubuta Kitabul Fawa'id wajen 1490, yana bayanin taurari da iskoki da lokutan tashi, ilimin da madugun ayarin gishirin Bilma zai gane rabinsa ba tare da tafinta ba.

Amma labarin da ya fi taɓa ni shi ne na Katib Celebi, wanda malamanmu suka fi sani da Haji Halifa, mai Kashfuz Zunun. A 1656 rundunar Banis ta ragargaza ta Daular Usmaniyya a bakin mashigin Dardanel, ta tsare hanyar, kaya suka yi tsada a Istanbul, tsoro ya kama gari. Shi malamin ofis ne, mai alƙalami, ba matuƙi ba. Abin da ya ga zai iya shi ne ya zauna ya tattara tarihin yaƙe-yaƙen ruwan daularsu, nasara da faɗuwa, ya bayyana yadda ake gina jirgi da kuɗin da ake kashewa, ya rufe da nasihohi 40 ga masu jagorancin jirage. Ya sa wa littafin suna Tuhfatul Kibar. Ya rasu a 1657, bai daɗe da gamawa ba. Da aka kafa injin ɗab'i na Ibrahim Mutafarrika, littafin yana cikin na farkon da aka buga, a 1729. Ku duba fa, mutum ya ga an toshe wa garinsu hanya, farashi ya hau, bai tsaya ga zagi da addu'a kaɗai ba, ya tambaya yaya aka yi muka kai nan, ya rubuta don na baya.

Ko a ƙasarmu akwai tarihin ruwa. Sonni Ali na Songai, wanda ya yi mulki daga 1464 zuwa 1492, da rundunar kwalekwale a kan kogin Kwara ya yi wa Jenne ƙawanya, kuma daular tana da sarauta ta musamman, Hi-koy, shugaban jirage. Tarikhus Sudan na Abdurrahman Sa'adi ya kawo labarinsu. Mu ma Hausawa muna da Sarkin Ruwa.

Yanzu mu dawo gida. Tun yaushe teku ke cikin aljihun Bamagarye? Tun 1912, da jirgin ƙasa ya iso Kano aka fara sayen gyaɗa da gaske. Magarya da Matamai suka zama zuciyar gyaɗar Nijar. Buhun da aka auna a nan, Kano yake zuwa, ya hau dogo zuwa Legas, ya shiga jirgin ruwa zuwa matatun mai na Faransa. Kuɗin haraji, kuɗin aure, kuɗin sabuwar riga, duk sun rataya ga jirgin da manomi bai taɓa gani ba. A yaƙin duniya na biyu, daga 1940 zuwa 1942, Nijar tana hannun gwamnatin Vichy, Najeriya tana hannun Ingila, aka rufe iyaka, jiragen Ingila kuma suka takura hanyar teku, tufa da kayan kanti suka yi wuya. A shekarun 1950 Faransawa suka shirya juya wani kaso na gyaɗar Nijar ta Parakou zuwa Kwatano don kada a dogara da hanya ɗaya. Lokacin yaƙin basasar Najeriya, 1967 zuwa 1970, sojan ruwan tarayya suka kama Bonny tun a Yulin 1967 suka datse gaɓar Biyafara, abin da ya biyo baya na yunwa duniya ta gani a hoto.

Na kusa kuwa ba sai na tuna muku ba. Bayan 26 ga Yulin 2023, CEDEAO ta sa takunkumi, aka rufe iyakar Benin da ta Najeriya, kwantenoni suka taru a Kwatano, gingimari suka yi layi a Malanbil. Ba na nan don in ce wane ne da gaskiya, kowa da ra'ayinsa, kuma wannan shafi ba fagen siyasa ba ne. Abin da na sani shi ne na je kantin magani a lokacin neman maganin hawan jini na wata gyatuma tamu, mai kanti ya ce kayan suna tashar ruwa, in dawo wani sati. Na koma sau uku. Ba a harba harsashi ko ɗaya a teku ba, amma abin da littattafan nan ke kira datse hanya shi ne ya same mu, har cikin ɗakin tsohuwa.

Sama da kashi 80 cikin 100 na kayan cinikin duniya ta ruwa suke tafiya. Riɗin da ɗan Dungas ya kai Maigatari ran Alhamis, ƙarshensa jirgi ne zuwa Japan ko Cana ko Turkiyya. Takin zamani da ya yi tashin gwauron zabo a 2022, yaƙin Rasha da Yukren da rikicin Baƙin Teku suna cikin dalilansa. A 2020, cikin ma'aikatan jirgi 135 da aka sace a tekunan duniya, 130 a mashigin Gini aka sace su, nan ƙofarmu, kuma duk sanda haka ta faru kuɗin inshora na hawa, mai sayen taliya a kasuwar Magarya shi ke cikawa. Ga man Agadem, bututu mai tsawon kusan kilomita 2,000 ya kai shi Seme a Benin, jirgin farko ya yi lodi a Mayun 2024. Arzikin da ƙasa ta sa wa rai, a bakin teku ake auna shi. Su wa muke da su da suka san yadda ake aunawa, da yarjejeniyar haya ta jirgi, da abin da doka ta ce in an samu saɓani?

Sannan akwai batun jini. Ranar 25 ga Afrilun 2015 ƴan Boko Haram suka afka wa tsibirin Karamga a tafkin Cadi, gwamnati ta sanar da mutuwar sojoji 46 da farar hula 28. Allah ya jiƙansu. Yaƙi a tsibiri da cikin ciyawar ruwa fanni ne mai zaman kansa: yadda ake kai ɗauki da kwalekwale, yadda ake sauka a gaɓa ana harbi, yadda ake janyewa. Najeriya tana da sansanin sojan ruwa a Baga saboda haka. Cikin samarin da ke sa kaki ana tura su Difa akwai ƴaƴan garuruwan nan namu. Ko don su kaɗai, ina ganin ya dace a ce hafsan da ke fitowa daga makarantar hafsoshinmu a Yamai ya karanta tarihin yaƙin ruwa, ko da ba zai taɓa ganin teku ba.

Na san abin da wani zai ce, kuma yana da hujja. Malam, yaranmu suna karatu a ajin zana, damina ta zo a tashi, mushe ɗaya da yara tamanin, kai kana maganar Mahan? Haka ne. Ba na cewa a sayo jirgin yaƙi a sa a tafkin Waca. Bolibiya, wadda Chile ta ƙwace wa gaɓa a yaƙin da ya fara a 1879, har yau tana riƙe da sojan ruwa a tafkin Titikaka, tana bikin ranar teku duk 23 ga Maris, ta kai ƙara kotun duniya ta sha kaye a 2018. Wannan hanyar ta zuciya ce, ba ta ba su tasha ba. Abin da nake nema ya fi haka araha. Yarjejeniyar dokar teku ta 1982 ta ware babi guda kan ƙasashe irin tamu, ta ba su haƙƙin kaiwa ga teku da wucewar kaya, amma ta bar sharuɗɗan wucewar ga yarjejeniya tsakanin maƙwabta. Ma'ana, a teburi ake samun abin ko a rasa shi, wanda ya fi karatu shi ke tashi da kaso mai tsoka. Nijar mamba ce a ƙungiyar harkar teku ta Afirka ta Yamma da ta Tsakiya, kuma tana cikin ƙasashen da suka haɗu a kan makarantar ARSTM ta Abijan, inda ake horar da matuƙa, da injiniyoyin jirgi, da masu harkar tasha da fiton kaya. Na tambayi ɗaliban lise fiye da goma da ke shirin bak me suke so su zama. Likita, duwan, jandarma, ɗaya ya ce ɗan jarida. Da na ambaci makarantar Abijan, babu wanda ya taɓa jin sunanta. Wani ɗan ƙanena ma cewa ya yi, Baba, ni da ko iyo ban iya ba? Na ce masa iyo sati uku ne, lissafinka za ka gyara.

Ga mai son farawa, littafin Mahan da na Corbett sun tsufa har an sake su kyauta a intanet, sai dai Turancinsu mai nauyi ne, a daure. Masu Larabci su nemi fasalin Ibn Khaldun, gajere ne, zama ɗaya ya isa. Malaman tarihi da labarin ƙasa na CEG da lise kuma, darasi guda a shekara kan hanyar da buhun shinkafa ke bi daga jirgi zuwa kasuwarmu ba zai ɓata manhaja ba.

Littafin da na fi so in riƙe a hannuna shi ne irin na Haji Halifa amma namu, da Hausa: tarihin hanyoyinmu zuwa teku, daga awon gyaɗa da zamanin SONARA, zuwa rufe iyakar da Najeriya ta yi daga Agustan 2019 zuwa Disamban 2020, zuwa 2023, kowace rufewa da abin da ta ci da yadda aka zagaye ta. Ɗaliban tarihi na jami'ar André Salifou a Damagaram za su iya, rediyon gari ma zai iya farawa da naɗar murya. Masu labarin suna nan a zaurukan Magarya da Bande, tsofaffin direbobi, da masu awo, da ƴan dako. Wanda ya ɗauki buhun gyaɗa a 1965 yana ɗan shekara ashirin, yau ya kai tamanin.